Zauren da Ba a Faɗin Suna

Na san abin da kuka ji game da barina aikin rediyo. Mahaifiyarku, Allah ya jiƙanta, ta ce muku murya ce ta gaji, don ita mace ce mai rufa wa miji asiri ko da bai cancanta ba. A unguwa kuma cewa aka yi na yi wa direkta rashin kunya ya kore ni. Korar dai gaskiya ce, amma ba daga nan zancen ya faro ba. Yanzu da ba ni da sana'ar da ta wuce zama gindin darbejiyar ƙofar gida ina tuna abin da na shuka, gara in rubuta muku da hannuna kafin ku tsinta a bakin wani. Zancen wata mata ne mai sayar da abinci a tashar motocin Figil da ke nan Garwa, wadda ta yi shekara ashirin tana gina sunanta, ni kuma na taya aka rushe shi cikin sati shida.

Sai kun fara sanin gidan da na tashi. Kakanku Malam Ɗanjuma mai masauki ne a unguwar Hausawa ta Garwa. Ya gaji abin daga nasa mahaifin, wanda ya zo daga ƙasar Kano da jakai da tufafi, ya ga kogin Binuwai ya ce ba inda za shi kuma. Zaurenmu ba ya rabo da baƙi, masu shanu daga Meiganga, masu albasa daga Marwa, masu goro, har da waɗanda ba su da hajar da ta wuce surutu. Dokar Malam da kowa ya haddace a gidan ita ce, ba a tambayar baƙo sunansa sai ya ci ya sha ya kwana. In ɗayanmu ya yi azarɓaɓi, sai Malam ya harare shi ya ce:

“Yunwa ba ta da suna. Kai masa tuwo tukuna.”

Na tashi ina alfahari da wannan magana, ina ba da labarinta duk inda na zauna. Sai da na haura hamsin da biyar kafin in gane rabin al'adar kawai na riƙe.

A garin nan Fulatanci ne sarki, Faransanci ne waziri, Hausa kuwa 'yar kasuwa ce. Awa ɗaya ake ba ta bayan la'asar a wani gidan rediyo mai zaman kansa, kuma awar tawa ce. Shekara goma sha bakwai ina gabatar da shirin gaisuwa. Mutum ya bugo waya, ya faɗi sunansa da na mahaifinsa da unguwarsu, sannan ya gaida wanda zai gaida, amarya ko mai jego ko ɗan'uwan da ke aikin siminti a Figil. Wanda ya ƙi faɗin sunan uba nakan tsokane shi in ce ko daga sama ya faɗo. Da haka kunnena ya haddace mutanen Garwa, har akwai waɗanda nake ganewa tun daga tari, kafin su yi sallama. Ku riƙe wannan, domin shi ya hana ni samun uzuri daga baya.

Matar sunanta Rahila, amma Maman Luka kowa ke ce mata. Kirista ce, 'yar duwatsun bayan Mokolo, ta sauko Garwa da goyo bayan rasuwar mijinta, ta fara da tukunya ɗaya a bakin tasha har ta kai ga rumfa mai shuɗin kwano da benci huɗu. Masu cin abincinta kusan duk Musulmi ne, direbobi da 'yan dako da 'yan moto masu haya. Ta san abin da ake raɗawa game da mutanen dutse da irin naman da ake cewa suna ci, saboda haka tun farko ta yi wa abin shiri. Ba ta sayen nama wurin kowa sai wurin Isa mahauci, abokina da muka yi makarantar allo tare. Kowace safiya Isa da kansa yake ɗauro daron nama a bayan babur, a buɗe, ya ratsa tsakiyar tasha kowa na gani, ya dire a gaban rumfa. In miya ta nuna ya dawo, ta zuba masa kwanon farko, ya ci a bencin waje, sannan a fara ciniki. Direba ba ya zama sai ya tambaya ko Isa ya ci. Shekara ashirin ana haka, ba takarda ba rantsuwa sai kwanon Isa. Ni kaina ban san iyakar tuwon dawa da miyar yakuwar da na ci a rumfar nan ba, kuma ban taɓa tambayar ta komai ba sai ƙarin yaji.

A shekarar da nake ba ku labari aka kawo mana sabon direkta, matashi mai wayoyi biyu da gaggawa. Bai yi wata ba ya kira ni ofis, ya nuna mini wasu shafuka a waya inda mutane marasa suna marasa hoto suke tona asirin 'yan gari, jama'a na ta dariya a ƙasa.

“Mosiyo Habu, emisiyon ɗinka, shirin gaisuwar nan, ta tsufa. Mutane sun gaji da ina gaida kawuna, ina gaida gwaggona. A nan suke yanzu. Ka ba su wuri su faɗi abin da ke cikinsu, ba suna, ba unguwa, za ka ga telefon ba zai huta ba.”

Zan iya ce muku tilasta mini aka yi, kuma da kun yarda. Ba haka ba ne. Na ji tsoron a ajiye ni a ɗauko wani, amma bayan tsoron akwai kwaɗayi, ina son a sake jin sunana a bakin mutane kamar da. Shi direkta shawara ya kawo tsirara, ni na ɗinka mata riga. Na ce a kira shirin Zauren Baƙi. Na ce duk wanda ya bugo baƙo ne, kuma a gidan ubana ba a tambayar baƙo suna. Na kafa doka, mai kira ba zai faɗi sunansa ba, ba zai kuma faɗi sunan wanda yake zance a kai ba, ina ganin da haka na toshe kowace kafa. Har na ƙirƙiro abin da zan riƙa cewa in mutum ya gama, don in wanke hannuna cikin raha: baƙo ya faɗi, mai gida bai ji ba. Ranar da na bayyana wannan a rediyo, da ambaton Malam Ɗanjuma, dattawan unguwa suka yi ta sa mini albarka, wai na raya al'adar gidanmu.

Farko-farko abin ya yi kyau, kada in zalunci kaina. Wani ya yi kukan famfon unguwarsu da ya ƙafe, wani ya yi maganar ramin da ke kayar da 'yan moto. Amma famfo ba ya ba da dariya. Sannu a hankali baƙina suka bar ramukan hanya suka koma kan maƙwabta, wani liman mai tumbi da ke gaggauta salla in ya ji ƙamshin miya, wata bazawara mai jan mayafi da ake gani a wuri kaza. Ba a faɗin suna, amma Garwa ba ta kai girman da za a ce mai jan mayafi a kasa gane ta ba. Ni kuma ina ta dariya ina buga tebur. Masu shaguna suka kawo talla, direkta ya ƙara mini rabin awa, 'yan moto suna ɗaukata kyauta. Maganar tawa ta fita daga rediyo ta shiga titi. Saurayi ya gaya wa dattijo baƙar magana a kasuwa, ya ce baƙo ya faɗi, sai a fashe da dariya, in dattijon ya yi fushi a ce bai san wasa ba.

Har cikin gidanmu abin ya shigo. Ke Zainabu, kina da shekara goma sha biyu a lokacin, kin gaya wa yayarki wata magana game da haƙoranta da ta sa ta kuka. Mahaifiyarku ta tsawata miki, kika ce baƙo ya faɗi, mai gida bai ji ba. Ni murmushi na yi. Inna, kakarku, tana ƙofar ɗakinta tana jan carbi. Washegari ta aiko mini da ƙaramar rediyon da na saya mata, ta ce a gaya mini batir yana yi mata tsada. Na san ba batir ba ne, na yi kamar ban sani ba.

Wata Talata ce, ana zafin nan na kafin damina. Mai kira ya yi gyaran murya sau biyu, gajere da dogo, sai na gane shi. Shekara da shekaru yana bugowa shirin gaisuwa yana gaida surukansa. Ya ƙanƙance murya wai don ya ɓad da kama.

“Mai gida, ni tambaya ce da ni. Karnukan bayan tashar Figil ina suka tafi? Da bakwai ne, yanzu saura biyu. To, akwai wata 'yar dutse mai shuɗiyar rumfa, miyarta ta ƙara daɗi kwanan nan. Ni dai ban ce komai ba.”

Na san ƙarya ce tun kafin ya rufe baki. Ranar Litinin ɗin nan ma na ci abinci a wurin, na tarar da Isa yana suɗe kwano. Da na ce masa, baƙo, wannan kam ba a zaurena ba, da magana ta mutu a nan. Amma ya faɗe ta da salo, mai kula da na'ura yana bayan gilashi riƙe da ciki don dariya, ni ma sai ta kuɓuce mini. Na yi dariya, dariyar gaske, duk Garwa ta ji. Sannan na ce baƙo ya faɗi, mai gida bai ji ba, na ɗauki kira na gaba.

Kafin magariba an yanko wurin, da dariyata a ciki, yana yawo a wayoyin mutane. Washegari wasu baƙin suka ɗora. Ɗaya ya ce ya taɓa ganin wutsiya a bayan rumfar, ɗaya ya ce shi dama cikinsa ya daɗe yana gaya masa. 'Yan moto in sun zo wucewa sai su rage gudu su yi haushi. Na tabbata yawancinsu ba su yarda da zancen ba, da miyarta suka girma. Amma wa zai zauna a bencin a gan shi a yi masa haushi? Isa ya ci gaba da kawo nama, ya ci gaba da cin kwanon farko a bencin waje shi kaɗai, sauran tukunyar ta kwana.

Bayan kwana shida Isa ya bugo. Bai taɓa kiran rediyo ba a rayuwarsa, yana ganin aikin marasa aiki ne.

“Salamu alaikum. Ni ne Isa mahauci, ɗan Malam Audu na bakin kasuwa. Naman da matar nan take dafawa ni nake yankawa da hannuna, shekara...”

Na danna maɓalli na katse shi. Hannuna ya riga tunanina. Wata biyar ina katse duk wanda ya fara ambaton suna har abin ya zame mini jiki, ga kuma direkta tsaye a bakin ƙofa. Na gyara murya na ce:

“Afuwa, jama'a, a zauren nan ba a faɗin suna. Baƙo na gaba.”

Wannan ne abin da ya fi ci mini rai har yau. Marasa suna sun yi ƙarya na ba su fili har suka gama, mutum ɗaya ya zo da sunansa da na ubansa da gaskiya a hannu, shi na kora. Shirin gaisuwa, inda da zai iya faɗin sunan, an riga an soke shi. Mutane kuma suka fassara katsewar yadda suka ga dama, aka ce ai mai gida ya san da hannun Isa a ciki, shi ya sa ya datse shi. Daga ranar Isa bai ƙara amsa sallamata ba sai a taƙaice, har Allah ya karɓi ransa.

Ita kuwa sai a sati na huɗu ta zo. Na fito daga aiki na same ta a ƙofar gidan rediyo, tsaye a rana da kayanta na zuwa coci, ta rame. Ta gaishe ni da Fulatanci kamar yadda ta saba, sannan ta koma Hausa.

“Malam Habu, na je komisariya, wurin 'yan sanda. Sun ce wa nake ƙara? Na ce wanda ya yi magana a rediyo. Sun ce in kawo suna, in ba suna ba ƙara. Kai ka san mutanen garin nan duka. Ba na so a kulle shi. Ina so ya zo rumfa ya duba tukunya, ya ci, mutane su gani. Shi ke nan.”

Na kalli ƙasa. Sunan yana kan harshena, har launin ƙofar gidansa na sani. Na tuna na yi wa masu kira alkawari a gaban duniya, na tuna in na tona ɗaya shiri ya mutu, kuma, kunya ko ba kunya, na tuna 'yan moto masu ɗaukata kyauta. Na ce:

“Maman Luka, waya ce. Ban san shi ba.”

Ta dube ni ta ce:

“Kai da kake gane mutum da tari.”

Ta juya ta tafi. Bayan kwana goma wasu samari suka jefa mushen kare cikin rumfarta da rana tsaka, ɗaya yana ɗauka da waya, sauran suna ihun baƙo ya faɗi. Ba a kama kowa ba, fuskokinsu a naɗe suke. Ƙarshen satin ta sayar da benci da kwanon rufi, ta ɗaure tukwanenta ta hau motar Mokolo. Isa ne kaɗai ya taya ta ɗora kaya.

Ranar da labari ya iso gida mahaifiyarku ta ajiye mini abinci ba ta dube ni ba. Inna ce ta aiko a kira ni. Ta kusa tamanin, ido ya yi rauni amma harshen yana nan. Na durƙusa a bakin ƙofarta.

“An ce sunan Malam kake kira a cikin abin nan naka.”

“Al'adarsa na ɗauko, Inna. Ba a tambayar baƙo suna.”

“Al'adarsa. Kana ina shekarar da baƙon nan mai goro ya fasa wa wani kai a kasuwa ya gudu? Wa dogarai suka zo suka tafi da shi? Ubanka. Kwana biyu ya yi a tsare, ya yi jinyar mutumin har ya warke, bai ce ban san shi ba, alhali ko sunansa bai kai ga tambaya ba. Aka ce masa me ya yi maka zafi, ya ce wanda ya kwana a zaurena da sunana yake yawo a gari. Abin da ya sa ba ya tambayar suna ke nan, nasa yake ara musu. Kai ka buɗe zaure, ka tara baƙi, sannan ka ce mai gida bai ji ba. In mai gida bai ji ba, wa zai ji?”

Da ta faɗa sai na tuna ranar sarai, Malam ya dawo da rawani a hannu, mu kuma aka hana mu tambaya. Shekara hamsin ina ba da labarin tuwon, ban taɓa ba da labarin kwana biyun ba.

Washegari da hantsi na tafi wurin mutumin da ya yi kiran. Ina tafe ina zaton ko ƙanwarsa ce ke da rumfa kusa da tata, ko sun taɓa faɗa, wani dalili dai da zan iya riƙewa. Na same shi a shagonsa yana shan shayi. Da na ce na gane muryarsa sai ya yi dariya.

“Haba Malam Habu, ai wasa ne. Kowa yana bugowa yana faɗin nasa, ni ma na ce bari in gwada ko zan ba ka dariya. Kuma ka yi. Ni me ta yi mini? Wallahi miyarta ta fi ta gidana.”

Na ce to ya zo rediyo ya faɗi haka da sunansa. Dariyar ta ɗauke.

“Da sunana? Ina da 'ya'ya mata da ban aurar ba. Kai ka ce ba suna. Da ka ce da suna ai da ban bugo ba.”

Bai yi ƙarya ba. Kun san shi, kun sha durƙusa masa, ya zo ɗaurin auren biyu daga cikinku. Ba zan rubuta sunansa a nan ba, baƙona ne, ni na kira shi na ce ya saki baki. Wani lokaci ina tambayar kaina ko wannan mutunci ne ko ragowar tsohon tsoron, kuma ban sami amsar da ta kwantar mini da rai ba.

Da la'asar ɗin ranar, da aka kunna jar fitilar fara shiri, ban ɗauki waya ba. Na ce ni ne Habu ɗan Malam Ɗanjuma mai masauki, na unguwar Hausawa. Na ce abin da aka faɗa game da Rahila Maman Luka ƙarya ne, na san ƙarya ne tun ranar, naman Isa take dafawa, kuma na ci. Na ce mai gida ya ji, ya ji duka, duk wanda aka ci wa mutunci a awar nan ni zai nema, ga gidana. Ban kai ƙarshe ba direkta ya sa aka saka kiɗa, kafin sati ya zagayo an ba ni takardar sallama. Kada ku ɗauka wani abu ya gyaru. Ba wanda ya yanki wannan ya tura a waya, ba abin dariya a ciki. Aka ɗauko wani ya ci gaba da shirin, da sunan da na raɗa da maganar da na ƙirƙira, ya ma fi ni masu sauraro. Yau abin ya koma cikin wayoyinku, kuma na ji jikokina suna faɗin maganar nan ba su san daga bakin wa ta fito ba.

Bayan damina na hau mota zuwa Mokolo, daga nan moto, daga nan ƙafa, ina hawan dutse ina hutawa kamar tsohon jaki. Na same ta a gidan ɗan'uwan mijinta tana sussukar dawa. Ta shimfiɗa mini tabarma a inuwa, ta kawo ruwa, ta tambayi Inna da mahaifiyarku da Isa. Na faɗi abin da ya kawo ni, har da ƙaryar da na yi mata a ƙofar rediyo. Na ce ta dawo, zan zauna a bencin waje da kaina kullum. Ta girgiza kai.

“Na yafe, Malam Habu. Mu ma haka ake koya mana. Amma Garwa kam a'a. Ko na dawo, duk wanda ya ɗauki loma sai ya duba ta. Ba zan iya dafa wa mai dubawa ba.”

Ta tashi ta zaga baya. Na ɗauka abinci za ta kawo, har na ji sanyi a raina, na ce in na ci daga tukunyarta kamar da, wani abu ya koma wurinsa. Sai ga ta da kaza mai rai da wuƙa. Miƙa wa baƙo Musulmi wuƙa ya yanka da kansa al'ada ce a duwatsun nan, girmamawa ce, ban ji komai ba. Amma sai ta koma ta kwaso duwatsun murhu ɗaya bayan ɗaya ta kafa su dab da tabarmata, ta wanke tukunya a gabana, ta karkato mini ita in ga cikinta.

“Ka yanka. Zan dafa a nan, kana gani.”

Na ce, “Maman Luka, shekara ashirin ina cin abincinki ban taɓa tambaya ba.”

“Na sani. Amma za ka koma Garwa, za a tambaye ka me ka ci.”

Na yanka. Na zauna ina kallonta tana figewa, tana wankewa, tana ɗaga mini kowane abu kafin ta jefa a tukunya, gishiri, albasa, barkono, ba fushi a fuskarta ba habaici, da gaske take yi. Na cinye abin da ta zuba mini don kada in ƙara mata wani ciwon, kuma ban taɓa cin abin da ya yi mini wuyar haɗiya kamar kazar nan ba. Ba ta sake saukowa Garwa ba har ta rasu, ɗanta Luka ne ya aiko mini da labari.

In wani ya ce muku murya ce ta gaji, ku ce masa a'a. Ku gaya masa abin da na yi wa matar nan, ku kuma faɗa masa ni na ce, Habu ɗan Malam Ɗanjuma.